Jibiya da Mutanenta: Gari a Bakin Iyaka

Garin Jibiya yana yamma maso arewa da birnin Katsina, tazarar kilomita 40 da 'yan kai, a kan hanyar da ta nufi Maraɗi. Manufar wannan maƙala ita ce nuna yadda tarihi ya sa ƙididdige mutanen wannan gari ya zama abu mai wuyar sha'ani, domin kuwa iyakar da ta raba su da 'yan'uwansu na Nijar ta tarar da su ne a zaune.

Tushen al'amarin yana komawa ga jihadi. Bayan da birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi a 1807, zuriyar sarakunan Haɓe suka yi arewa, daga bisani Ɗankasawa ya kafa mulkinsa a Maraɗi wajen 1819. Daga nan aka sami Katsina biyu, kowace tana da'awar ita ce ta ainihi, har sarkin Maraɗi ma Sarkin Katsina ake kiransa. Ƙasar da ke tsakaninsu, inda Jibiya take, ta zama fagen hare-hare a mafi yawan ƙarni na 19. Amma jama'ar ɓangarorin biyu Katsinawa ne, kuma auratayya da fatauci ba su yanke ba.

Iyakar da muka sani a yau aikin Turawa ce. A 1890 Ingila da Faransa suka ja layi a takarda daga Sayi, a bakin kogin Kwara, zuwa Barruwa, a gaɓar tafkin Cadi. Suka sake gyara shi a 1898 da 1904 da 1906, saboda Faransawa na bukatar hanya mai ruwa zuwa Damagaram. Tsakanin 1906 da 1908 aka bi ƙasa aka kafa alamomi, Maraɗi ta faɗa rabon Faransa, Jibiya kuwa rabon Ingila. Tun daga lokacin iyakar ta fara ƙara wa garin jama'a, musamman masu guje wa aikin tilas na Faransawa, wanda ba a soke ba sai 1946.

Ga mai nazarin harshe, a nan abin sha'awa yake. Karin harshen Katsinanci ɗaya ne a Jibiya da Ɗan Isa, garin da ke tsallaken iyaka: ko'ina za a ji ana cewa hwari maimakon fari, da rigas sarki maimakon rigar sarki. Bambancin yana cikin kalmomin aro. Wanda Bajibiye zai kira kwastan, ɗan'uwansa duwan zai ce da shi. Makarantar boko kuwa lakwal. A kasuwar Jibiya, wadda ke ci ranar Lahadi, ɗan kasuwa yakan yi lissafi da naira, nan take ya juya zuwa dala da jikka, watau sefa 5 da sefa 1,000, ba tare da ya ji ya sauya harshe ba. A tawa fahimta, wannan fage ne da ɗalibanmu ba su ba shi haƙƙinsa ba tukuna.

Ruwa ma ya taka rawa. Kogin Gada, wanda ke zama Gulbin Maraɗi idan ya shiga Nijar, 'yan watanni kawai yake gudu a shekara. A 1989 aka kammala madatsar ruwa a kansa, mai ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 142, sai aka sami tafki wanda ya jawo masunta da manoman rani. Sai dai ruwan ya nuna ɗaya fuskar tasa a watan Yuli na 1918 da ɗari, watau 2018, lokacin da ambaliya ta hallaka mutane fiye da 40 a garin.

To, mutum nawa ne a Jibiya? Ƙidayar 2006 ta ba ƙaramar hukumar baki ɗayanta mutum 169,748, kuma ba a sake ƙidaya a Nijeriya ba tun daga lokacin. Ko a shekarar da aka yi ta, adadin bai kama mai mata biyu a ƙasashe biyu ba, balle 'yan cin rani. Bugu da ƙari, yawan jama'ar yana hawa da sauka gwargwadon halin da iyakar ke ciki. An rufe ta daga 1984 zuwa 1986, lokacin da ya zo daidai da fari, har mutanen Nijar suka laƙaba wa yunwar shekarar suna El Buhari. An sake rufewa daga Agusta 2019 zuwa Afrilu 2022, sannan a Agusta 2023 bayan juyin mulkin Yamai. Kowace rufewa takan kwantar da kasuwa, direbobi da 'yan dako su watse neman abinci.

A shekarun baya-bayan nan kuma hare-haren 'yan bindiga sun tayar da ƙauyuka da dama. Wasu mazaunansu sun tare a cikin garin Jibiya, wasu sun ƙetara jihar Maraɗi, inda a takardun hukuma sunansu 'yan gudun hijira, ko da kuwa a gidan kawunsu suka sauka.