Baƙin Inabi a Ƙasar Zafi: Sirrin Yana Cikin Hunturu

Duk wanda ya zaga wajen masu sayar da kayan marmari a birnin Katsina zai ga inabi a cikin 'yan robobi, an jera shi gefe guda kamar kayan gani na ado. Tsadarsa ta sa sai mai cefanen marar lafiya ko mai shirin buɗa-baki na musamman ke taɓa shi. Akasarinsa daga waje ake shigo da shi, daga ƙasashe irin su Afirka ta Kudu da Masar. Shi ya sa mutane da yawa suka ɗauka cewa inabi ɗan ƙasar sanyi ne, ba zai jure ranar Katsina ba. Amma ai Masar ɗin ma ba ƙasar sanyi ba ce. Kuma ba sai an je nesa ba: a ƙaramar hukumar Kudan ta jihar Kaduna, dab da Zariya, manoma sun daɗe suna noman inabi suna kai wa kasuwa.

Akwai nau'o'in baƙin inabi da Turawa ke nomawa domin yin giya, irin su Shiraz, wanda asalinsa daga kwarin kogin Ron na Faransa yake, ya kuma yi suna a yankunan Ostireliya masu zafi. Mu nan babu ruwanmu da wannan sana'a. Sai dai 'ya'yan itacen halal ne, ana cin su, ana matse ruwansu a sha, ana shanya su su zama zabibi. Abin da ya kamata mu ɗauka daga waɗancan manoma shi ne dabarar noman, domin sun riga sun sha wahalar gano yadda ake sa inabi ya yi baƙi a ƙasar da babu ƙanƙara. A Dodoma ta Tanzaniya akwai wani baƙin inabi da ake kira Makutupora, ana girbe shi sau biyu a shekara. A Petrolina, arewa maso gabashin Brazil, wurin da ya fi Katsina kusa da tsakiyar duniya, da ruwan kogi ake ban ruwa ana samun amfani. A Indiya kuwa akwai Bangalore Blue, wanda ake matsa domin ruwansa.

A ƙasashen sanyi, itacen inabi yakan zubar da ganye ya yi barci duk tsawon lokacin ƙanƙara, sannan ya farka ya yi toho gaba ɗaya. A wurinmu ba ya samun wannan barci. Idan aka bar shi, sai ya yi ta miƙa rassa, ya rufe rumfa da ganye, ya yi inuwa mai daɗi, amma 'ya'ya sai ɗai-ɗai. Da yawa daga masu itacen inabi a tsakar gida wannan ne kukansu, har wasu su ce ai namiji aka sayar musu. Ba namiji ba ne, aski ne bai samu ba. Inabi yana haihuwa ne a kan sabon tohon da ya fito daga reshen da ya riƙa. Don haka manomi ne zai ƙirƙira masa barcin: ya rage masa ruwa na ɗan lokaci, ya datse rassan, ya cire ganyen, sannan ya zuba taki ya dawo da ban ruwa. Daga ranar askin nan zuwa girbi ana ɗaukar wata huɗu zuwa biyar, gwargwadon iri.

To, a nan ne lissafi ya shigo, kuma a ganina a nan ne riba ko asara take. Baƙin da ke jikin inabi a fatarsa yake. In ka ɓare yawancin nau'o'in za ka tarar da cikinsu fari-fari ne. Sinadarin da ke rina fatar yana taruwa ne a makonnin ƙarshe kafin nuna, kuma ba ya son zafi mai tsanani, musamman zafin dare. In rana ta yi zafi amma dare ya yi sanyi, launi yakan kama sosai. In dare da rana duk zafi ne, sai a samu inabi mai zaƙi amma ja-ja, wata ƙwayar ta rine wata ba ta rine ba. Katsina tana da wannan sanyin dare, amma na ɗan lokaci ne: Disamba da Janairu, sa'ad da hunturu ke sa ma'aunin zafi ya sauka ƙasa da 15 a wasu darare, alhali da rana akwai hasken da itacen ke buƙata. Wanda ya yi aski a watan Oktoba, da zarar ruwa ya ɗauke, inabinsa zai fara juya launi a tsakiyar hunturu, ya girbe wajen Fabrairu. Wanda ya yi jinkiri har Disamba kuwa, nunar za ta faɗa cikin Afrilu, lokacin da zafi ke haura 40, ga ƙunar rana a fatar 'ya'yan, ga launi ya ƙi kamawa. Manoman Nashik na Indiya haka suke yi: aski biyu a shekara, na Afrilu domin itacen ya gina sababbin rassa, na Oktoba domin haihuwa, girbi ɗaya tak.

Abin mamaki, babban abokin gabar inabi a nan damina ce. Cikin marka, ganye ya daɗe da laima, sai funfuna ta kama shi, ta bayyana kamar farin gari a ƙarƙashin ganyen, daga nan ya bushe ya zube. Tun a shekarun 1880 wani masanin tsirrai na Faransa, Millardet, ya gano cewa feshi mai sinadarin jan ƙarfe yana tare wannan cuta, har yau kuma da irinsa ake aiki. Kwaɗayin girbi biyu irin na Dodoma zai sa ɗaya daga cikinsu ya haɗu da ruwan Agusta, 'ya'yan su tsattsage su ruɓe. Gara girbi ɗaya mai kyau.

Ƙasar jigawa irin tamu ba ta da laifi, domin saiwar inabi ba ta son kwantaccen ruwa. Taki kawai take nema, na gargajiya wanda ya ruɓe sosai, don ɗanyen taki gara yake gayyatowa. Ruwan rani shi ne sharaɗi. Mai rijiya ko burtsatse a lambunan gefen gari, ko mai fili kusa da madatsun Ajiwa, Jibiya da Zobe, shi ne zai iya gwadawa. Ba ƙwaya ake shukawa ba, reshe ake yankowa daga itacen da aka ga haihuwarsa da ido. Rumfar kuma a yi ta da ƙarfe da waya in da hali, don itacen zai daɗe fiye da kowace azara. Kada a sa ran amfanin kirki kafin shekara ta biyu ko ta uku. Da 'ya'ya sun fara baƙi kuma tsuntsaye da jemagu za su riga mai gona sani, sai a tanadi raga.

Akwai wani maganin da manyan manoma ke shafa wa idon reshe bayan aski domin toho ya fito lokaci guda, ana kiransa Dormex. Yana aiki, amma guba ce mai ƙona fata. Wanda bai samu horo daga malamin gona ba, ya bar shi.

Sai maganar kasuwa, wadda bai kamata a ɓoye ba. Waɗannan baƙaƙen nau'o'i ƙananan 'ya'ya gare su, da kaurin fata da ƙwaya a ciki, alhali mai saye ya saba da manya marasa ƙwaya na cikin roba. Ƙarfinsu yana wajen zaƙi da launi, wato wajen matse ruwa. Mai niyyar shuka da yawa ya fara sanin wa zai sayar wa, masu ci ko masu haɗa lemo. Ranar girbi kuma kada launi ya ruɗe shi, domin inabi yakan yi baƙi makonni kafin zaƙinsa ya cika. Ba kamar mangwaro ko ayaba yake ba da za a rufe a ɗaki su ƙarasa nuna. Yadda aka yanke shi haka zai tsaya. A ɗanɗana ƙwayar da ke can ƙarshen nonon inabin, in ta yi zaƙi a sa almakashi, da sanyin safiya, kafin rana ta ɗaga.