Taliya Mai Garai-garai: Yadda Ake Soya Ta a Gida Irin na Koriyawa

Duk wanda ya saba kallon fina-finan Koriya ya taɓa ganin wani faranti da ba ya ɓacewa a teburin biki: taliya ce mai ruwan ƙasa-ƙasa, tana sheƙi, ana hango ta garai-garai, an cuɗanya ta da ganye da karas da siraran yankan nama. Sunan wannan girki japce. Masu gwada shi a gida karon farko kukansu iri biyu ne: ko taliyar ta dunƙule ta zama curi guda, ko ta fito salam ba ɗanɗano. Tushen matsalar guda ne. An ɗauke ta tamkar taliyar alkama da aka saba da ita, alhali ba danginta ba ce, kuma ba hannu ɗaya suke so ba.

Taliyar da muka sani, ta leda ce ko 'yar murji, da garin alkama ake yin ta, kuma abin da ke riƙe ta shi ne sinadarin gulutin, wanda ke ba kwaɓin fulawa danƙo. Wannan kuwa babu alkama a cikinta ko kaɗan. Sitaci ne zalla da ruwa. Ana dama sitacin, a tsiyaye shi ta ƙananan huduji zuwa cikin tafasasshen ruwa, ya fito zare-zare, a sanyaya shi, sannan a shanya. Shi ya sa idan ta dahu take zama garai-garai, shi ya sa kuma ba ta da wani ɗanɗano nata na kanta. Abin da aka ba ta shi take sha, shi kuma take bayarwa a baki.

Kowace ƙasa a gabashin Asiya da sitacin da take amfani da shi. A Sin an fi yin ta da wani ƙaramin koren wake da ake kira mun, kuma wadda ta fi suna ita ce ta Lonko da ke lardin Shandon. Mutanen Tailan ma irin ta waken suke soyawa da ƙwai da kabeji, suna kiran girkin pad wun sen. A Japan akwai ta sitacin dankalin Turawa. Ta Koriya, wadda ake kira dangmiyan, daga sitacin dankali mai zaƙi take, wato dankalin Hausa, wanda asalinsa daga nahiyar Amurka ya bazu a duniya. Ta fi sauran kauri da danƙo, busasshiyarta launin toka gare ta, kuma ita ce ta japce. Sai a kiyaye wajen saye, domin akwai siririyar taliyar shinkafa da kan yi kama da ta wake a cikin leda. Ta shinkafa fara take zama bayan dahuwa, kuma tana saurin gutsurewa. A karanta jerin kayan haɗin da ke bayan leda: in an ga sitacin dankali ko na wake, ita ce, in an ga shinkafa, wata ce daban.

Japce ya girmi taliyar da ke cikinsa. Tarihin Koriya ya danganta shi da zamanin Sarki Gwanghegun na daular Joson, wanda ya yi mulki daga 1608 zuwa 1623. An ce wani bafade mai suna Yi Cung ne ya riƙa kai wa sarki wannan haɗi, ya kuma samu fada har aka ba shi muƙamin ministan kuɗi. A wancan lokaci kayan lambu ne da laimar kwaɗi aka yanka siri-siri. Littafin girki na uwargida Jang Gye-hyang, wanda aka rubuta wajen shekarar 1670, ya kawo japce ba tare da taliya ba. Sai a ƙarni na 20, bayan an buɗe masana'antar dangmiyan a garin Sariwon a 1919, taliyar ta shiga, ta kuma mamaye farantin. Yau da wuya a yi bikin girbi na Cusok, ko sabuwar shekarar Sollal, ko ɗaurin aure, ko bikin cikar yaro shekara ɗaya, ba a ga japce ba.

Wannan tarihi yana da amfani ga mai girki, domin yana nuna inda nauyin abincin yake. Kayan lambu su ne masu gida, taliya baƙuwa ce. Wanda ya cika tukunya da taliya ya yayyafa mata ɗan karas bai yi japce ba.

Ga abin da zai ishi mutum huɗu: busasshiyar dangmiyan giram 250, naman sa marar kitse giram 150, alayyahu dami ɗaya madaidaici, karas babba ɗaya, albasa ɗaya, jan tattasai ɗaya, lawashi kaɗan, ƙwai biyu, da laimar kwaɗi irin ta ci guda biyar ko shida. Koriyawa sun fi son nau'in shitake. In ba a samu ba, wadda ake nomawa ana sayarwa a kanti ta wadatar, in ma babu sai a bar ta. Kada a tsinko ta daji, domin akwai masu guba da ido ba ya iya bambance su da na ci.

Ruwan haɗin kuwa abu biyar ne: soya sos babban cokali biyar, sukari cokali biyu, man riɗi cokali biyu, tafarnuwa sala uku a daka, da masoro kaɗan. A gauraya su a kwano har sukarin ya narke. Man riɗin da ake nufi shi ne wanda aka soya riɗin kafin a matse, mai duhu da ƙamshi mai ƙarfi. Shi ne ƙamshin girkin gaba ɗaya, man gyaɗa ba ya maye gurbinsa. A nan mutanenmu ba baƙi ba ne, tunda riɗin Jigawa da Nasarawa da Binuwai yana cikin wanda Najeriya ke fitarwa zuwa kasuwannin Asiya. Wadda ba ta samu na kwalba ba za ta iya soya riɗi sama-sama a busasshen kasko har ya fara tsalle, ta daka shi, ta zuba a ƙarshe. Ba daidai suke ba, amma ƙamshin zai fito.

Aiki na farko yanka ne, kuma shi ne ya fi cin lokaci. Komai a yanka shi dogo-dogo siriri, tsawon ɗan yatsa, domin ya bi jikin taliya idan an ɗebo. Nama ya fi yankuwa siri-siri in ya ɗan daskare a firij. A zuba masa cokali ɗaya na ruwan haɗi, haka ma laimar kwaɗin, a ajiye su su tsumu na minti goma sha biyar.

Daga nan sai a zo kan abin da ya raba japce da sauran soye-soye: kowane abu shi kaɗai ake dafa shi, sai a ƙarshe su haɗu. Uwargida da ta saba da dafa-duka za ta ga kamar ɓata lokaci ne, amma akwai dalili. Albasa minti biyu take buƙata, karas ya fi haka, alayyahu ko minti ɗaya ba ya kaiwa. In aka jefa su tare, kafin karas ya yi laushi ganyen ya mutu, ya saki ruwa, zafin kasko ya sauka, suya ta koma sulale. Launi ma sai ya dagule. Koriyawa na ba launi muhimmanci a girki, suna son a ga kore da ja da rawaya da fari da baƙi a faranti guda, kowanne yana nan da kamarsa.

Ba sai an tara kasake ba. Kasko ɗaya ya isa, in dai an fara da mai hasken launi an ƙare da mai duhu. A kaɗa ƙwai, a soya shi falle ɗaya siriri a wuta kaɗan, a naɗe a yanka zare-zare, a ajiye gefe. A ƙara wuta, a ɗiga man gyaɗa, a soya albasa da lawashi da ɗan gishiri, a juye a babban kwano. Sai karas, sai tattasai, kowanne a sauke shi tun yana da sauran ƙarfi a haƙori. Sai laimar kwaɗi, sai nama a ƙarshe, a baza shi a kasko mai zafi sosai don ya soyu maimakon ya tsatso ruwa. Alayyahu kuwa ba ya shiga kasko. A tsoma shi a tafasasshen ruwa na rabin minti, a tsame a jefa a ruwan sanyi, a matse shi da hannu sosai, a ɗan yayyanka, a murza masa gishiri da ɗigon man riɗi.

Taliya ita ce ta ƙarshe, domin ba ta son jira. A tafasa ruwa mai yawa, a zuba ta, a motsa don kada ta manne. Yawanci minti shida zuwa bakwai take ɗauka, amma a duba abin da aka rubuta a leda. Alamar dahuwa ita ce a tsinka zare ɗaya a ga babu fari a tsakiyarsa, ga laushi ga danƙo. A tsane ta a kwando, a ɗauraye da ruwan sanyi don wanke sitacin da ke bayanta, wanda shi ne ke haɗa ta curi. A bari ruwan ya tsiyaye sarai, sannan a sa almakashi a datsa ta sau biyu ko uku, domin tsawonta ya wuce misali. A mayar da kasko a wuta madaidaiciya, a zuba taliyar da yawancin ruwan haɗin, a yi ta juyawa na minti biyu zuwa uku har ta shanye shi, ta yi duhu tana ƙyalli. Wannan mataki shi ne maganin salam. Taliyar da aka ba ruwan haɗi tana da zafi tana shan sa har ciki, wadda aka bari ta huce kuwa a bayanta kawai yake tsayawa.

Sai a juye ta a kan kayan da ke kwano, a zuba ragowar ruwan haɗin, a cuɗa. Matan Koriya da hannu suke yi, sanye da safar leda, saboda cokali ba ya raba zaren yadda ya kamata. A ɗanɗana. In gishiri ya gaza a ƙara soya sos kaɗan, in ya yi kaifi a ƙara sukari. A yayyafa soyayyen riɗi, a ɗora zaren ƙwai a sama. Ana cin sa da ɗumi, ana kuma cin sa bayan ya huce, abin da ya sa ya dace da taro, tunda za a iya gama shi kafin baƙi su iso. Wasu kan ɗora shi a kan shinkafa ya zama abinci cikakke.

In siririyar ta wake aka samu, hanyar ta ɗan sauya. Ita ba a tafasa ta. A jiƙa ta a ruwan ɗumi kamar minti goma har ta yi laushi, a tsane, a ƙarasa ta a kasko da ruwan haɗi da ɗan romo. Tana da ƙishirwa ƙwarai, don haka a ajiye romon kusa. Tafasa ta yadda ake tafasa mai kaurin zai mayar da ita kunu.

Akwai abubuwa uku da ya kamata mai karatu ya sani kafin ya mayar da wannan girki na yau da kullum. Na farko gishiri. Babban cokali ɗaya na soya sos na ɗauke da kusan miligiram 900 na sodiyam, alhali Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar kada babba ya kai miligiram 2,000 a yini. Saboda haka babu wurin dunƙulen ɗanɗano a wannan tukunya, kuma mai hawan jini ya rage ruwan haɗin. Na biyu, taliyar sitaci ce kusan zalla, ba ta da sinadarin gina jiki sai ɗan abin da ba a rasa ba. Garai-garai ɗin da take yi ba ya nufin ba ta da nauyi a jiki, mai ciwon sukari ya lissafa ta cikin su shinkafa da tuwo, ya rage sukarin haɗin, ya yawaita ganye. Wanda alkama ke yi wa illa kuma ya sani cewa ko da taliyar ba ta da gulutin, yawancin soya sos da alkama ake haɗa shi. Na uku ya shafi Musulmi. Wasu masu girki a Asiya kan ƙara giyar shinkafa wajen tsuma nama, wasu kuma naman alade suke sawa. Babu ɗaya daga cikinsu da girkin ya dogara a kai, naman sa ko kaza ya wadatar. Soya sos da aka tsima ta hanyar gargajiya kan ƙunshi ɗan burbushin barasa daga tsimin, amma akwai masu tambarin halal, sai a nemi irinsu.

In ya yi saura, a rufe a sa a firij, a cinye cikin kwana biyu ko uku. Za a tarar taliyar ta yi tauri ta dusashe, kada a ɗauka ta lalace, halin sitaci ne in ya sha sanyi. A zuba ta a kasko da cokali biyu na ruwa, a juya a wuta kaɗan, za ta dawo da laushinta da haskenta.

Uwargida da ke son gwadawa, kada tsawon bayanin ya tsorata ki. In ban da taliyar da soya sos, da laimar kwaɗin da ba dole ba ce, duk sauran kayan suna nan a kasuwar unguwa. Ki ware awa guda, ki gama yanka kafin ki kunna wuta, ki soya kowane abu shi kaɗai, ki ba taliyar ruwan haɗi tun tana da zafi. In kin kiyaye waɗannan, japcen ki zai yi kyau tun daga gwajin farko.