Kujerar Falo da Ta Kai Kamfanoni Biyu Kotu

 Yau maganar masu ƙirƙira za mu yi, amma da kujera za mu fara. E, kujerar falo.

A Amurka, kamfanin Gentry Gallery ya ƙera doguwar kujera mai mazauni biyu masu kwantawa baya, da ɗan akwati a tsakaninsu. Sai ya nemi takardar mallakar ƙirƙira, wato takardar da hukuma ke bayarwa don hana wasu kwaikwayon abinka, wadda a yau shekara 20 take yi. A bayanin da kamfanin ya shigar, maɓallan kwantar da kujerar a jikin akwatin nan suke. Nan kaɗai ya ambata.

Ana cikin duba takardar sai ya faɗaɗa da'awarsa, ta haɗa har da kujerun da maɓallansu ke wani wuri daban, daga baya ya maka kamfanin Berkline a kotu. A 1998 kotun ɗaukaka ƙara ta soke wannan faɗaɗawar. Shi kansa mai ƙirƙirar ya amsa cewa sai da ya ga abokan hamayya suna sauya wa maɓallan wuri tukuna tunanin ya zo masa. To ka ji fa.

Me ya sa doka ta tsaurara haka? Saboda ranar da ka shigar da takarda ita ce gurbinka a layi. Da za a bari ka riƙa cusa sabon abu kana cin moriyar tsohuwar rana, sai ka zauna kana leƙen abin da wasu suka fito da shi, ka kwafa, sannan ka ce ai ka riga su. Gyaran kuskuren rubutu ko taƙaita da'awa, wannan babu laifi. Ƙara abin da babu shi tun farko ne aka hana.

A Turai ma abin ya fi zafi. Sashe na 123 na yarjejeniyarsu ya hana ƙari, kuma ya hana faɗaɗa kariya bayan an ba ka takardar. Ka ga tarkon? In ka cusa wani sharaɗi da babu shi a asali, aka ba ka a haka, barinsa laifi ne, cire shi kuma faɗaɗawa ce. Gaba kura, baya sayaki, takardar sukutum tana iya rushewa. Ni dai ina ganin wannan ya yi tsauri ga ƙaramin mai ƙirƙira da ba shi da kuɗin ɗaukar ƙwararren lauya.

In sabon tunani ya zo maka daga baya, sabuwar takarda za ka shigar, da sabuwar rana. Ka kuma hanzarta, don galibi bayan wata 18 ake wallafa ta farkon, daga nan ita kanta za a iya kafa maka hujja da ita cewa abin ba sabo ba ne. Shi ya sa tun kafin ka miƙa, in na'urarka ta ƙarfe ce amma roba ma za ta yi, rubuta duka biyun. In maɓallin zai iya zama a gefe ko a ƙasa, shi ma faɗa, ka zana.

Mai tambaya ya ajiye ta a ƙasa. Sai mun haɗu a shiri na gaba.