Ƙurungu, Kifin da Ke Iyo a Rigingine

Sa'ad da aka tura ni Ngurore, a kan hanyar Numan, domin gwajin koyarwa, wata rana ina cikin darasin halittu sai wani yaro ya shigo da ɗan kifi a gwangwani. Ya ce, "Malam, don me wannan ya ke kuka?" Na sa hannu zan ɗauka, sai ƙayarsa ta soke ni. Yara suka fashe da dariya, ni kuwa ba ni da amsa. Kunyar ran nan ce ta kai ni wurin masunta da littattafai, ga kuwa abin da na samo.

Sunan kifin ƙurungu. Dangin tarwaɗa ne da minjirya, watau kifayen da ba su da ɓawo, masu gashin baki. Masana su kan kira jinsinsa Synodontis, sunan da wani Bafaranshe, Cuvier, ya raɗa masa a 1816. Irinsa sun fi 130, dukansu kuwa a Afirka su ke. Yawancin waɗanda a kan kama a Binuwai da tafkin Geriyo na Jimeta ba su wuce taƙi guda ba.

In kun duba shi da kyau za ku ga gashin baki shida, biyu a sama, huɗu a ƙasa masu rassa kamar saiwa. Da su ya ke lalube da ɗanɗana abinci cikin ruwa mai lāka, inda ido ba ya amfani. Kansa kuwa ƙashi ne mai tauri kamar kwalkwali. Yana da ƙaya uku masu haƙora irin na zarto, ɗaya a baya, biyu a gefe. In ya firgita sai ya miƙe su, su kafe, har babban kifi ko tsuntsu ya kasa haɗiye shi. Kukan nan kuma ba daga baki ya ke fita ba. Gindin ƙayar gefe ne ke gogar ƙashin kafaɗa in ya motsa ta. Amsar da yaron nan ya nema ke nan.

Abin mamaki, wani irinsa da a ke kira batensoda ya kan yi iyo a rigingine, domin bakinsa a ƙasa ya ke, abincin da ya ke nema kuwa yana saman ruwa. Sauran kifaye bayansu ne baƙi, cikinsu fari. Shi kuwa cikinsa ya fi bayansa duhu, don kada tsuntsu ya hange shi daga sama. Misirawan dā sun lura da wannan, har sun zana shi a juye a bangon kaburburansu.

Ƙurungu ya kan ci tsutsar ƙwari, da ruɓaɓɓen ganye, waɗansu kuma har ƙananan dodon-koɗi. Da damina, in kogi ya cika ya malala cikin fadama, nan ya ke zuba ƙwai, 'ya'yan su girma cikin ciyawa kafin ruwa ya janye.

To, a nan damuwa ta ke. Tun da aka gama madatsar Lagdo a Kamaru a 1982, cikar Binuwai ba ta bin ƙa'idarta ta dā. Ga kuma masu su da gidan sauro maimakon taru, suna kwashe 'ya'yan kifi tun ba su kai yatsa ba. Na tambayi wani tsohon masunci, na ce, "Baba, me zai faru?" Ya ce, "Ɗana, wanda ya cinye iri, me zai shuka baɗi?"

Saboda haka, 'yan'uwana malaman gobe, 'ya'yan masuntan nan su ne za su zauna a gabanmu. Kada mu tsaya ga hoton kifin Ingila da ke cikin littafi alhali kogi yana bayan makaranta. Ku sa a kawo ƙurungu aji cikin kwalba mai faɗi, yara su ƙirga gashinsa, su ji kukansa, sa'an nan a mayar da shi ruwa da rai. Amma ku kama shi daga bayan ƙaya, kada ku sha irin dariyar da na sha.