Layin Karɓa-karɓa a Kan Manyan Hanyoyi: Bayaninsa da Ƙa'idodinsa

Zuwa ga Hakimai da Malamansu

An shirya wannan ɗan bayani ne domin a sanar da ku wata dabara ta tafiyar da motoci wadda ake aiki da ita cikin waɗansu manyan biranen duniya. Direbobi daga gundumominku suna kai kaya har Ikko, 'ya'yanku kuwa suna fita ƙasashen waje don karatu da fatauci. Duk wanda ya kama sitiyari a babban birni yana iya iske kansa a kan irin wannan hanya. Wanda bai san ƙa'idarta ba yana iya hallaka kansa, ya kuma hallaka waɗanda ba su ji ba, ba su gani ba. Saboda haka ana fata ku karanta da lura, sa'an nan ku isar da shi ga direbobi da masu motoci na ƙasarku.

Mene ne layin karɓa-karɓa?

Ko wane Hakimi ya san yadda ƙofar gari takan zama ran kasuwa. Da hantsi jama'a duk ciki suka nufa, mai fita sai ɗaya-ɗaya. In la'asar ta yi sakaliya sai al'amari ya juya, kowa ya nufi gida, mai shiga ya zama ɗaya-ɗaya. Haka babban birni yake ko wace ranar aiki. Da safe ma'aikata suna kwarara daga unguwanni zuwa tsakiyar birni, da maraice su kwararo waje. Sai a ga gefe guda na hanya ya cushe har motoci ba su motsi, ɗaya gefen kuwa wayam.

Babbar hanya akan raba ta layi-layi da fenti, ko wane layi faɗin mota guda. Bisa al'ada rabin layukan na masu tafiya ne, rabi na masu dawowa, ba su sakewa. Masu aikin hanya suka ga ashe ana iya ware layi guda ko biyu na tsakiya, a ba masu shiga gari da safe, da maraice a karɓe a ba masu fita. Wannan shi ne layin karɓa-karɓa, watau layin da ba shi da ma'abuci na dindindin, sai wanda aka ba a wannan sa'a.

Amfaninsa a fili yake. Faɗaɗa hanya cikin birni yana bukatar a rushe gidaje da kantuna, a biya diyya mai yawa. Faɗaɗa gada ko hanyar da aka haƙa ta ƙarƙashin ƙasa ya fi wannan wuya. Da wannan dabara kuwa hanyar da ke akwai ita za ta ɗauki ƙarin motoci, ba a taɓa katangar kowa ba.

Misalin birnin Birmingham

A birnin Birmingham na ƙasar Ingila akwai wata hanya da ake kira Aston Expressway, wadda aka buɗe cikin shekarar 1972. Tsawonta wajen mil 2 ne, tana haɗa tsakiyar birnin da babbar hanyar nan mai lamba M6. Tana da layi 7 a jere, babu gini ko shinge a tsakaninsu. Da safe akan ba masu shiga gari layi 4, masu fita su sami 2. Da maraice masu fita su karɓi 4, masu shiga su koma 2. Sauran lokatai ko wane gefe yana da 3.

Wanda ya yi lissafi zai ga ko da yaushe layi 6 ne ke aiki. Na bakwai ɗin da gangan akan bar shi fanko, ya zama rata tsakanin motocin da ke fuskantar juna. Ratar nan tana matsawa dama ko hagu gwargwadon yadda aka raba layukan. An kuma taƙaita gudu a kan hanyar, ba a yarda a wuce mil 50 cikin awa ba. Abin da ke gaya wa direba layin da ke nasa shi ne fitilun da aka rataya bisa hanyar, ko wane layi da tasa fitilar a daidai kansa.

Alamomin da za a sani

Alamomin suna da ɗan bambanci daga ƙasa zuwa ƙasa, amma manyansu guda uku ne.

Ta fari ita ce koriyar kibiya mai kai ƙasa. Ma'anarta layin nan a buɗe yake gare ka, kana iya binsa.

Ta biyu ita ce jar alama mai siffar harafin X. Ma'anarta layin nan an hana ka shi. Ko dai an ba motocin da ke tahowa gaba da gaba da kai, ko an rufe shi ɗungum.

Ta uku ita ce ta gargaɗi, wadda ke nuna an kusa karɓe layin. A Amurka harafin X ne mai ruwan ɗorawa. A Ingila farar kibiya ce a karkace, tana nuna wajen da za ka koma. A waɗansu ƙasashen Turai kibiyar mai ruwan ɗorawa ce.

Ban da fitilu, akan bambanta layin da fentin da ke ƙasa. A Amurka da Sifen zane biyu ne a jere, masu tsinke-tsinke, a ko wane gefe na layin. Inda babu fitilu akan kafa allo mai ɗauke da ranaku da sa'o'in da layin ke juyawa. A birnin Phoenix na Amurka, alal misali, akwai tituna biyu da layinsu na tsakiya ke zama na masu nufar kudu daga ƙarfe 6 zuwa 9 na safe, ya zama na masu nufar arewa daga ƙarfe 4 zuwa 6 na yamma, daga Litinin zuwa Jumma'a.

Ƙa'idodin da direba zai kiyaye

1. Kafin ka shiga layin, ɗaga kai ka dubi alamar da ke bisansa. Kada ka shiga sai ka ga koriyar kibiya da idonka, ko kuwa allo ya nuna sa'ar taka ce.

2. Kada ka bi layi don kawai motar da ke gabanka ta bi shi. Mai yiwuwa ne shi ma kuskure ya yi.

3. Kada ka shiga ƙarƙashin jan X ko da ka ga layin wayam har iyakar ganinka. Sa'ad da za a juya layi, akan rufe shi ga ɓangarorin biyu na ɗan lokaci don motocin da ke ciki su fice. Wayam ɗin nan da ka gani, alama ce motoci sun kusa tahowa daga gaba.

4. Ka yi ta duban alamomi muddin kana cikin layin, gama an jera su ne bi da bi, kuma suna iya sakewa kana tsakiyar tafiya.

5. In alamar gargaɗi ta bayyana, ka dubi madubi, ka ba da sigina, ka koma layin da ke buɗe da zarar ka sami sarari. Kada ka taka birki farat ɗaya, kada kuwa ka ƙara wuta wai don ka riga fitila.

6. Kada ka fita daga ɓangarenka don ka wuce wata mota. Layin da ke bayan zanen na masu tahowa ne.

7. Kada ka tsaya cikin layin don saukar da fasinja ko kaya. In mota ta nuna alamar lalacewa, ka yi ƙoƙari ka kai ta bakin hanya tun tana motsi.

8. Kada ka karya kwana ka gitta gaban masu tahowa sai inda alama ta yarda. A titunan Phoenix da aka ambata an hana juyawa hagu a yawancin mararraba cikin sa'o'in da layin ke aiki, domin mai jiran ya juya yakan tare na bayansa.

9. Ka kunna ƙananan fitilun gaba. A Sifen doka ce, tilas mai bin wannan layi ya kunna su dare da rana, don mai tahowa ya hange shi da wuri.

10. In fitilun bisa hanya sun mutu, ko hazo ko ruwa ya hana ka ganinsu sosai, ka bar layin tsakiya, ka koma na gefe wanda ba ya juyawa. In ɗan sanda na tsaye yana ba da hannu, umurninsa shi ke gaba da na fitila.

Mai tafiya a ƙasa shi ma yana da nasa rabon. In zai ƙetare irin wannan hanya, lalle ya duba dama da hagu a ko wane layi, gama wajen da mota ta ɓullo da safe ba nan za ta ɓullo da yamma ba.

Inda haɗarin yake

Babban abokin gaban direba a wannan layi shi ne sabo. Mutum ya bi layi yau, ya bi gobe, ya bi jibi, har ƙafarsa da hannunsa su riƙa kai shi ba tare da ya duba ba. Ran da ya makara, ko ran da aka sake tsari saboda gyara ko wani taro, sai ya shige layin da ya saba, alhali an riga an ba wasu. Hausawa sun ce sabo turken wawa. Dattawa daga cikinku za su tuna ran 2 ga Afrilu, 1972, sa'ad da Nijeriya ta bar tuƙi ta hannun hagu ta koma hannun dama. Abin da aka yi ta jan kunnen direbobi a kansa a lokacin shi ne kada hannu ya koma inda ya saba. To, mai bin layin karɓa-karɓa irin wannan sauyi yake gamuwa da shi sau biyu ko wace rana.

Dalilin da ya sa ake tsananta wannan magana shi ne karon gaba da gaba ya fi ko wane irin karo muni. In motoci biyu suna tahowa, ko wace tana gudun mil 50 cikin awa, ratar da ke tsakaninsu tana ƙarewa ne da saurin mil 100 cikin awa. Kafin direba ya gane abin da ke faruwa ya kai ƙafa ga birki, an riga an haɗu.

Gadar Golden Gate ta birnin San Francisco a Amurka ta isa misali. An buɗe ta cikin 1937, tana da layi 6. Shekaru da yawa ana juya layukanta da 'yan sandunan roba waɗanda ma'aikata ke kafawa cikin ramuka, su cire su matsar in lokaci ya yi. Sandan roba yana nuna iyaka, amma ba ya tare mota. An ƙididdige karon gaba da gaba 128 a kan gadar daga 1970, mutum 16 suka rasu. Cikin watan Janairu, 2015, aka kafa shinge na kankare da ƙarfe, gunduwa-gunduwa fiye da 3,000 a sarƙe da juna. Wata mota ta musamman ita ke bi ta kansa, tana ɗaga shi tana ajiye shi a layi na gaba. Irin wannan shinge yana da tsada, shi ya sa hanyoyi da yawa har yanzu fitila da fenti kaɗai ke raba su, sauran tsaron yana hannun direba.

Abin da ya shafe mu

An taɓa aiki da wannan dabara a ƙasarmu. Ran 24 ga Yuli, 2020, aka rufe gefe guda na gadar Third Mainland a Ikko don gyara. Gefen da ya rage aka mai da shi na karɓa-karɓa: daga ƙarfe 12 na dare zuwa ƙarfe 1 na rana na masu shiga tsibirin ne, daga ƙarfe 1 na rana zuwa 12 na dare na masu fitowa. Aikin ya kai har farkon 2021. Haka kuma ko wane direba ya san yadda akan tattara motoci duka a hannu guda in ana gyaran tagwayen hanya. Ƙa'idodin da aka lissafa a sama suna da amfani a duk irin waɗannan wurare.

Sai dai a lura da abu guda. Hukuma ce kaɗai ke da ikon juya layi, da alama, da sa'a sananniya, da ma'aikata masu tsaro. Direban da ya ga hanya ta cushe ya tsallaka hannun masu tahowa da ra'ayin kansa, abin da ake kira bin wanwe ke nan, laifi ne, ana kuwa hukunta mai yinsa.

In wata rana aka nemi shawararku a kan kawo wannan tsari cikin wani gari na ƙasarku, ga abin da ya kamata ku tambaya. Shin motocin da ke nufar gefe guda sun rinjayi na ɗaya gefen sosai? Masu aikin hanya sukan so su kai kimanin kashi 2 cikin 3, in ba haka ba an ɗauke cunkoso ne daga dama an mai da shi hagu. Shin akwai wutar lantarki tabbatacciya da za ta riƙe fitilun? Shin akwai masu tsaro a bakin layin sa'ad da ake juya shi? Shin hanyar tana da mararraba da yawa, ko kasuwa, ko makaranta, inda mutane ke yawan ƙetarewa? In amsoshin ba su gamsar ba, barin hanyar yadda take ya fi alheri.

Ana roƙon Hakimai su sa Malamansu su karanta ƙa'idodin nan goma ga shugabannin direbobi a tasha, da Dagatai da Masu Unguwanni in sun zo gaisuwa. Wanda ya kasa riƙe goman, to, ya riƙe ta fari: kada ya shiga layin tsakiya sai ya ɗaga kai ya ga an ba shi.