FASHIN BAƘI: Ɗan ƙasa ne a Sabon Gari, amma ɗan asalin ina ne?

Matashin da aka haifa a Sabon Garin Zariya, ya yi karatu a Samaru, yana da damar yankar katin zaɓe ya jefa ƙuri'a a unguwarsu. Amma ranar da zai nemi aikin Gwamnatin Tarayya ko shiga aikin soja, sai a tambaye shi takardar shaidar asali, wadda ake kira indijin. Idan kakansa daga Offa ko Onitsha ya zo, sau da yawa can ake tura shi, garin da wataƙila bai taɓa kwana a cikinsa ba.

Tushen lamarin ya girmi Najeriya mai 'yancin kai. Bayan layin dogo ya iso Zariya a farkon ƙarni na 20, Turawan mulkin mallaka suka keɓe Sabon Gari domin ma'aikata da 'yan kasuwar da suka zo daga wasu wurare, nesa da birnin Zazzau. Kafa Jami'ar Ahmadu Bello a Samaru a 1962 ya ƙara jawo jama'a daga ko'ina. Yau jikokinsu da tattaɓa-kunnensu ne ke zaune a Ƙaramar Hukumar Sabon Gari.

A kan takarda, Kundin Tsarin Mulki na 1999 yana tare da su. Sashe na 41 ya ba kowane ɗan ƙasa 'yancin zama a duk inda ya so. Sashe na 42 ya haramta nuna bambanci saboda ƙabila, addini ko wurin asali, sashe na 43 kuma ya halatta mallakar fili ko gida a kowane yanki.

Sai dai kundin da ya bayar da hannun dama, shi ne ya karɓe da na hagu. Sashe na 14(3) ya wajabta raba muƙamai tsakanin jihohi, sashe na 147(3) ya ce a naɗa aƙalla minista ɗaya ɗan asalin kowace jiha. Da sashe na 318 ya zo bayyana wanda ake ɗauka ɗan jiha, bai duba inda aka haifi mutum ko shekarun da ya yi yana biyan haraji ba. Al'ummar da iyayensa ko kakanninsa suka fito ya duba. Wace al'umma ce 'yar asali, kuma tun daga wace shekara ake ƙirge? Kundin ya yi shiru, ya bar hukuncin a hannun ƙananan hukumomi masu bayar da takardar. Nan ne son rai ke samun ƙofa.

Sashe na 15(3) ya ɗora wa gwamnati alhakin tabbatar wa kowa cikakken haƙƙin mazauni, amma yana cikin Babi na Biyu ne, wanda sashe na 6(6)(c) ya hana kotu tilasta aiki da shi.

A 2019 Gwamna Nasir El-Rufai ya shelanta soke bambanci tsakanin ɗan asali da baƙo a Jihar Kaduna, aka karkata ga rajistar mazauna. Mataki ne mai ma'ana, amma ikonsa bai wuce iyakar jihar ba: Hukumar Raba Daidai ta Tarayya da jihar asali take lissafi.

Wanda aka hana haƙƙinsa saboda asali yana iya shigar da ƙara Babbar Kotu a ƙarƙashin sashe na 46. Ko can ma, sashe na 42(3) ya cire dokokin ɗaukar aikin gwamnati, soja da ɗan sanda daga wannan kariya.