Rigima Ɗaya, Kotu Uku

Idan aure ya yi tsami har aka kai ga duka, da wuya maganar ta tsaya a ƙofa ɗaya. Matar ta je caji ofis da kumburarren ido, a gurfanar da mijin gaban majistare. Mahaifinta ya raka ta kotun shari'ar Musulunci ta unguwarsu neman kuɗin ci da sha. Maigidan kuwa, da ya ji wuta, sai ya garzaya wata kotun can nesa ya ce matarsa ta yi yaji, a umarce ta ta koma ɗakinta. Ga Hisba kuma ta kira sulhu. Kafin a ankara, kuɗin da ya kamata ya sayi madarar yaro ya ƙare a kuɗin mota da na lauya.

Ba duk ƙara biyu ce maimaici ba. Duka laifi ne, hukuma ce ke bin kadinsa. Ciyarwa, tufatarwa, muhalli da renon 'ya'ya kuwa haƙƙi ne, kuma tsakanin Musulmi alƙalin shari'a ne ke duba su. Sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya sa ɗaukaka ƙara a irin waɗannan batutuwa a hannun Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha. Ƙarar duka da ta ciyarwa suna iya tafiya tare. Duk wanda ya ce wa mace sai ta janye ƙarar duka kafin a ba 'ya'yanta abinci, ya yaudare ta. Ko ta yafe marin, ciyar da yara na nan a wuyan uba.

A Abuja, dokar hana cin zarafi ta 2015, wadda aka fi sani da VAPP, ta haramta dukan abokin aure, da korarsa daga gida da ƙarfi, da yin watsi da iyali ba ci ba sha. Ta kuma ba kotu ikon bayar da umarnin kariya, wato a hana mai dukan kusantar wadda yake cuta. Jihohi da yawa sun yi tasu, Kaduna tun 2018, amma tanadin kan bambanta, don haka a tambayi abin da ke aiki a jiharku.

Inda ake faɗawa rami shi ne kai buƙata guda gaban alƙalai biyu, da fatan wanda ya fi yanka kuɗi mai tsoka shi za a bi. Kotun Ƙoli ta ce, a shari'ar Saraki da Kotoye ta 1992, tara ƙararraki kan batu ɗaya tsakanin mutane ɗaya wasa ne da kotu. Lauyan ɗaya ɓangaren na nuna takarda, sai a kori ƙarar, ga ɓata watanni, ga zubewar mutunci a idon alƙali. Maza ma su ji: rugawa wata kotu don a samo hukuncin da zai ci karo da na farko ba ya ɗauke bashin ciyarwa.

Saboda haka, ke uwargida, ranar farko ki faɗa wa alƙali duk inda maganar take: sunan kotun, lambar ƙarar, abin da aka yanke. Kai kuma maigida, idan kana biya, ka biya ta hannun kotu ko ta banki, ka adana rasit, domin "ai na ba ƙanwarta ta kai mata" ba hujja ba ce. Sammaci kuma, ko kin tabbata na neman fitina ne, kada ki jefa shi ƙarƙashin katifa. Ki je ki sanar da kotun cewa maganar na gaban wani alƙalin, in ba haka ba a iya yanke hukunci a bayan idonki.

Takardar asibiti da hoton rauni a ajiye su da kyau, don amfaninsu ya wuce kotun laifi. A mazhabar Malikiyya, matar da ta tabbatar da cutarwa alƙali na iya raba auren ba tare da ta mayar da sadaki ba. Mata da dama kan biya kuɗin hul'i don kawai sun gaji da zirga-zirga, alhali hujjarsu na kwance a fayil ɗin wata kotun. Wadda ba ta da kuɗin lauya ta nemi ofishin Legal Aid Council ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA a babban birnin jiharta, suna taimakawa kyauta.